Yadda Ake Karanta Tsohon Masallacin Ƙasa

Wanda ya tashi a ƙasar Rano ko Kibiya ya san tsohon masallacin ƙasa: bango mai kauri, ƙofa ƙarama, ciki kuwa ko da tsakar bazara ka shiga sai ka ji sanyi kamar ka leƙa randa. Bulo da kwano sun maye gurbin da yawa daga cikinsu. Kafin ragowar su ɓace, ya kamata mu koyi karanta su, domin babu sashen ginin da aka yi shi a banza.

Mu fara da tarihi. Littafin tarihin Kano ya nuna cewa a zamanin Sarki Yaji (1349–1385), wanda ya kori Sarkin Rano daga Zamna Gaba, Wangarawa suka iso daga Mali, aka tsai da salla, aka gina masallaci. Muhammadu Rumfa (1463–1499) ya gina masallacin Juma'a a birnin Kano. A Katsina kuma hasumiyar Gobarau, wadda ake dangantawa da zamanin Muhammadu Korau, tana nan tsaye, tsawonta kusan mita 15. Sai dai shekarun ginin ƙasa ba kamar na dutse ake lissafa su ba. An sha sabunta fatar Gobarau. Abin da ya daɗe shi ne wurin, da fasalin, da ilimin da magina suke gadar wa 'ya'yansu.

Daga nan sai bango. Magini yakan haƙo birji, a kwaɓa da ruwa da ciyawa, a tattake, a bar shi ya yi kwanaki ya nuna. Sannan a mulmula tubali da hannu, mai faɗin gindi da tsinin kai, a shanya a rana. Ana jera shi kai sama, ana cike tsakani da kwaɓaɓɓiyar ƙasa. Bangon yakan yi kauri a gindi, ya riƙa sirancewa yana hawa, don ƙasa ta ɗauki nauyin sama. Wannan kaurin ne yake tare zafin rana, shi ya sa masallata suke samun sanyi lokacin azahar.

Rufi shi ne inda ake gane gwani. Ana tsaga giginya a fitar da azara, itacen da gara ba ta cika yi masa ɓarna ba. Amma azara ɗaya ba ta iya ɗaukar rufin ƙasa idan tazarar ta kai mita 2, alhali masallaci yana bukatar fili don sahu. Dabara ta farko ita ce a kafa ginshiƙai a tsakiya. Ta biyu ita ce bakan gizo: a dasa azara cikin bango daga ɓangarori biyu, a ɗora wata a kanta ta ɗan zarce, a ɗaure, a lulluɓe da ƙasa, a bari ya bushe, a sake ɗorawa, har hannuwan biyu su haɗu a sama. Idan bakuna suka gitta juna an sami ɗaurin guga, a kansa ake ɗora tulluwa, wato ƙubba. Wannan fasaha ta kai ƙololuwa a masallacin Juma'a na Zariya, wanda Babban Gwani Malam Mika'ilu ya gina a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu (1834–1846).

Babban abokin gabar ginin ƙasa shi ne ruwan sama. Don haka ake kewaye rufi da rawani, wato ɗan gajeren bango a gefensa, a sa indararo ya jefa ruwan nesa da gindin bango. Ana shafe bango da makuba, wadda ake samu daga kwasfar ɗorawa. Rufi kuma a yi masa laso, wato haɗin katsi da gashin jima da dafara. Katsi kuwa daga karofi yake fitowa, kuma tun a labarin Hausa Bakwai an san Rano da Kano da sarautar baba, shukar da ake rini da ita. Ashe marini da majemi duk suna da hannu a masallaci, ko da ba su ɗora tubali ɗaya ba.

Sai adon ciki. Tsofaffin majami'un Habasha sun cika bangonsu da hotunan mutane da mala'iku, suna ba da labari ga wanda bai iya karatu ba. Masallaci kuwa ba ya ɗaukar surar mai rai, saboda haka maginin Hausa ya zuba gwanintarsa a layi da siffa. Tun yaɓe yana ɗanye yake tsaga shi ko ya tayar da shi da yatsu, ya fitar da da'ira, da kusurwa uku, da dagi mai saƙa da kansa, sannan a bi da farar ƙasa ko jar ƙasa. Ka lura da inda adon ya taru: jikin ginshiƙai, cikin bakuna, da kewayen alƙibla. Ido yana bin layin daga gindin ginshiƙi har tsakiyar tulluwa, ya ga yadda nauyin rufin yake saukowa ƙasa. Keke da agogo da jirgin sama da ake gani a fuskar gidajen Zariya da Kano ado ne na ƙarni na 20.

Duk wannan yana rayuwa ne da kulawa. Ranar Juma'a, 11 ga Agusta 2023, wani sashe na rufin masallacin Zariya ya rufta ana sallar la'asar, aka rasa rayuka. Allah Ya jiƙan su. Wasu suka ɗauka ƙarshen ginin ƙasa ya zo ke nan. Amma a ƙauyen Yama na jihar Tawa a Nijar, masallacin ƙasa da Falke Barmu ya fara ginawa a 1962 da taimakon mutanen gari ya ci kyautar gine-gine ta Aga Khan a 1986.

Don haka idan akwai irin wannan masallaci a garinku, aikin a fili yake. Da zarar damina ta ɗauke, a hau a duba azara da tsagar rufi, a share indararo, a sake yaɓe. A kuma zaunar da yara kusa da tsofaffin magina su koyi ɗaura bakan gizo tun masu iya shi suna raye, domin bango in ya faɗi ana tayar da shi muddin akwai hannun da ya iya.