Labarin Kwarin Imlil da Hanyar Dutsen Tubkal

Wannan bayani ne a kan wani kwari da ke cikin duwatsun Atlas a ƙasar Maroko, wadda malamai suka fi sani da Magrib. Sunan kwarin Imlil, yana kudu da birnin Marrakush, tafiyar kamar mil 40. Marrakush kuwa ba baƙon suna ba ne ga almajiran ilmi, gama a can kabarin Alƙali Iyal mai littafin Ashafa yake, da na Shehu Jazuli mai Dala'ilu. Wanda ya tsaya a birnin ranar da gari ya yi garau, ya dubi kudu, zai hango duwatsu sun tokare sama, kawunansu fari fat da ƙanƙara in lokacin ɗari ne. Mafi tsawo a cikinsu shi ne Tubkal, mita 4,167, watau ƙafa 13,671, babu dutsen da ya kai shi a dukan Afirka ta Arewa. Kwarin Imlil yana gindinsa ta wajen arewa, shi ne ƙofar da galibin masu hawa suke bi.

Mai zuwa daga Marrakush yakan bi ta garin Tahanaut, ya ratsa kwazazzabon Maulayi Ibrahim, ya isa Asni inda kasuwa take ci ran Asabar. Daga Asni hanya ta bi gefen kogi tana hawa, wajen mil 10, har ƙauyen Imlil. Bisan ƙauyen daga teku ya kai wajen mita 1,740, ya ɗara na Jos da kimanin mita 500. Kogin da ya ratsa kwarin daga jikin Tubkal yake tasowa. A can sama ana kiransa Asif Ait Mizan, da sunan kabilar da ke zaune a wurin, in ya gangaro ƙasa kuma a ce da shi Gigaya, har ya fita fili ya nufi kogin Tansift.

Mutanen kwarin Amazig ne, waɗanda littattafan Larabci suke kira Barbar. Kada mai karatu ya ɗauka Barebarin Barno ake nufi. Harshensu Tashilhit, dangin harshen Buzayen Azbin ne. Da yake filin noma ya yi musu kaɗan, sai suka sassaƙe jikin dutse hawa-hawa kamar matakala, kowane hawa aka tare ƙasarsa da katangar duwatsu. A nan suke shuka sha'ir da masara da dankali, suna dasa tuffa da wata babbar itaciya da Larabawa suke kira jauz, mai 'ya'ya da ɓawo mai tauri, cikinsu da mai kamar gyaɗa.

To, abin lura shi ne ba damina ce take shayar da waɗannan gonaki ba. Ƙanƙarar da ta zuba a kan dutse da ɗari ita ce rumbun ruwansu. In bazara ta kama, daga watan Maris zuwa Yuni, sai ta riƙa narkewa sannu a hankali tana cika kogi. Su kuwa sun haƙa ƙananan magudanai, suna kiransu targa, waɗanda suke ɗebo ruwa tun daga sama su bi gefen dutse da shi har bakin gona. Ruwan nan rabo ne, dattawan gari suke tsara shi, kowane gida da lokacinsa. Shekarar da ƙanƙara ta yi ƙaranci, rabon kowa sai ya ragu, kuma haka ya faru a shekarun farin da Maroko ta sha a jere tun daga wajen 2019.

Amma game da hanyar hawa Tubkal, kwana biyu ake yi, zuwa da komowa. Ran farko a tashi daga Imlil da safe, alfadarai suna ɗauke da kaya, a bi ta inuwar itatuwan jauz zuwa Arumd, babban ƙauye wanda aka gina a kan tulin duwatsun da suka gangaro tun zamanin da. Bayan Arumd akwai wani faffaɗan fili, ba kome cikinsa sai tsakuwa da manyan duwatsu, shi ne shimfiɗar kogi in ya cika. Daga nan turba ta kama hawa har Sidi Shamharush, wajen mita 2,300. A wurin akwai wani ƙaton dutse da aka shafe da farar ƙasa, mutanen ƙasar suna danganta shi da Shamharush, wanda ake ambata cikin sarakunan aljannu, suna kawo masu taɓin hankali, suna yanka. Wanda ba Musulmi ba, ba a barinsa ya ƙetare gadar da ta kai ga dutsen. Matafiya dai sukan huta a rumfunan da ke gefe, su sha shayi da ruwan lemo.

Daga nan itatuwa sun ƙare, sai dutse tsagwaro. Bayan tafiyar sa'a biyar ko shida daga Imlil a isa masaukin masu hawa, wanda yake a mita 3,207, a kwana. Kashegari tun kafin asuba a tashi da fitila a goshi, a hau gangaren tsakuwa mai zamewa, a yi sa'a uku ko huɗu kafin a kai ƙololuwa, inda aka kafa alamar ƙarfe mai tsini. Hawan farko da aka rubuta a tarihi shi ne na ran 12 ga Yuni 1923, sa'ad da wani Bafaranshe mai suna de Segonzac ya hau tare da abokansa biyu. A 1942 aka mai da dutsen da kewayensa gandun hukuma.

Hawan ba ya bukatar igiya da rani, amma akwai wahalar da ba a gani da ido. A bisan mita 4,000, iskar da mutum yake shaƙa ba ta fi wajen kashi 60 cikin 100 na wadda ake samu a bakin teku ba. Sabo da haka ƙaƙƙarfan saurayi ma sai ya ji ciwon kai da jiri da tashin zuciya. Maganin abin shi ne a yi kwana ɗaya ko biyu a Imlil jiki ya saba, a riƙa shan ruwa, a taka a hankali, gama sannu ba ta hana zuwa. In ciwon ya tsananta kuwa, ba abin yi sai a sauko. Da ɗari ƙanƙara takan rufe turba, alfadari ya kasa wucewa, sai an ɗaura ƙarafa masu haƙora a ƙarƙashin takalmi, an riƙe gatarin sarar ƙanƙara.

Ba kowane baƙo ne yake nufin ƙololuwa ba. Akwai turbar gabas da ta ƙetare mashigin Tamatart zuwa ƙauyen Tashaddirt, akwai ta yamma da ta bi mashigin Mzik ta sauka kwarin Azzadan, akwai kuma mai wuya wadda ta tsallake zuwa tafkin Ifni a bayan dutsen. Mutanen Marrakush kuwa, in zafi ya matsa musu da rani, sukan zo da iyali su wuni a bakin ruwa ƙarƙashin itatuwa, su ci naman da aka dafa a kaskon tajin, su koma da maraice.

A nan ne babban haɗarin kwarin yake. Jikin duwatsun nan tsirara ne, ba ƙasa mai kauri, ba ciyawar da za ta riƙe ruwa. Da rani hadari yakan haɗu a can ƙololuwa ya zubar da ruwa mai yawa cikin ɗan lokaci, alhali wanda yake zaune a ƙasa bai ga ko ɗigo ba. Ruwan duka sai ya taru a kwazazzabo guda, ya gangaro da taɓo da duwatsu da kututture. Haka ta faru ran 17 ga Agusta 1995. A Imlil ambaliya ta kwashe motoci da gonaki da itatuwa. A kwarin Urika, maƙwabcinsa ta gabas, mutane fiye da 150 suka halaka, da yawansu baƙi ne da suka zo hutu suka zauna a bakin kogi. Bayan wannan masifa aka kafa na'urorin auna ruwa da jiniyar gargaɗi a Urika, da taimakon ƙasar Japan. Duk da haka, ɗan gari da ya ga gajimare ya yi baƙi a kan dutse, ko ya ga ruwan kogi ya soma gurɓata, ya san lokacin barin gaɓa ya yi.

Ɗaukar ja-gora a hanyar Tubkal ya zama doka tun bayan watan Disamba 2018, sa'ad da waɗansu miyagu suka kashe 'yan mata biyu matafiya, ɗaya 'yar Denmark, ɗaya 'yar Norway, kusa da turbar. Hukuma ta sa wuraren bincike, ba a barin baƙo ya wuce sai da ja-gora mai takardar izini. Ladan ja-gora da na mai alfadari da na mai masauki shi ne abincin gidaje da yawa a kwarin. An ga haka bayan girgizar ƙasa ta ran 8 ga Satumba 2023, wadda ta kashe kusan mutum 3,000 a wannan yanki na Maroko. Asni da Maulayi Ibrahim sun yi mummunar asara. Imlil abin ya zo mata da sauƙi, amma da baƙi suka ɗauke ƙafa na ɗan lokaci, sai samu ya tsaya.

Wanda Allah Ya nufa da zuwa wannan wuri, ya tuna cewa abin da ya zo kallo gonar wani ce da ruwan shansa. Kada ya yi wanka ko ya zubar da shara a cikin targa, kada ya tsinki tuffa ba da izini ba, kada ya ɗora wa alfadari abin da ya fi ƙarfinsa, ya biya mai aiki haƙƙinsa cikakke. Kada ya kafa tanti a shimfiɗar kogi, ko da ya gan ta a bushe ƙayau. In ja-gora ya dubi sama ya ce a koma, to, a koma, ko da ƙololuwa tana kusa, domin da ɗan gari akan ci gari. Allah Ya kiyaye matafiya, Ya jiƙan waɗanda ruwa da girgizar ƙasa suka ci. Tamat.