LITTAFIN MALAM MUHAMMADU BAKATSINE A KAN HARUFFA DA LAMBOBI

Yara da yawa a makarantunmu suna gudun lissafi kamar maciji, suna cewa wai ilmin Turawa ne, ba gadonmu ba ne. Har ma waɗansu malaman da ke koyar da su haka suka ɗauka. To, ga labarin wani malami ɗan ƙasar nan wanda ya rubuta littafi a kan lambobi tun kafin a haifi Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, har malaman Masar suka zauna gabansa suna ɗaukar karatu.

Sunansa Muhammadu ɗan Muhammadu, Bafillace ne, mutumin ƙasar Katsina, saboda haka Larabawa ke kiransa Alkashinawi. Ya yi karatu wajen manyan malamai na zamaninsa, cikinsu har da Muhammadu Alwali na Bagarmi. Daga baya ya tafi aikin hajji, ya zauna a Hijaz, sa'an nan ya sauka Alƙahira a gidan Shaihu Hasan Aljabarti. A gidan nan ya rasu cikin 1741. Ɗan mai masaukinsa, watau Abdurrahman Aljabarti, mashahurin marubucin tarihin Masar, shi ya adana mana labarinsa, ko da ya ke ba su ga juna ba, gama sai bayan rasuwar malamin aka haife shi.

Littafin da mu ke magana a kansa sunansa Bahjatul Afaƙ, ya rubuta shi wajen 1732. Akwai kofensa na rubutun hannu a makarantar nazarin al'amuran Gabas da Afirka ta Jami'ar Landan. Abu biyu ya haɗa: ilmin haruffa, da ilmin hatimi.

Ilmin haruffa shi ne wanda almajiranmu suka sani da Abajada. Kowane baƙi da baki ke furtawa yana da lambarsa. Alif 1, ba 2, jim 3, dal 4, haka har ya 10, sa'an nan a shiga gomomi, da ɗaruruwa, har 1000. Da haka kalma ta kan zama adadi, adadi kuma ya zama kalma wadda za a iya rerawa a waƙa. Wannan shi ne ramzi, wanda malaman Sakkwato su kan sa a ƙarshen waƙoƙinsu don a san shekarar da aka yi su.

A nan akwai wani rami da mai karatu zai iya faɗawa. Lissafin Abajada iri biyu ne, na Gabas da na Magariba, mu kuwa na Magariba muka gada. Ɗauki baƙaƙe uku, shin da ra da fa. A lissafinmu shin 1000 ne, ra 200, fa 80, jimla 1280, shekarar Hijira wadda ta yi daidai da 1863 zuwa 1864. Amma a lissafin Gabas shin 300 ne, sai jimla ta koma 580. Ka ga wanda ya kawo ƙa'idar Masar ya ɗora wa waƙar Sakkwato ya yi ɓatan shekara 700 a kalma guda. Malam Hassan Gwarzo ya yi bayanin ƙa'idar ramzi ta wannan Bakatsine cikin 1967, a mujallar cibiyar tattara rubuce-rubucen Larabci ta Jami'ar Ibadan.

Hatimi kuwa, kowa ya taɓa ganinsa a allo ko a takardar laya. Gidaje ne a jere, tsawo daidai da faɗi, a zuba lambobi ciki yadda in ka tara kowane layi, a tsaye ko a kwance ko daga kusurwa zuwa kusurwa, jimla ɗaya za ka samu. Mafi ƙanƙanta shi ne mai gida tara, wanda a ke jingina wa Imam Gazali, ko da ya ke mutanen Sin sun san shi tun da daɗewa kafin zamaninsa. Layin sama 8, 1, 6. Na tsakiya 3, 5, 7. Na ƙasa 4, 9, 2. Ko ta ina ka bi, 15. Dalili kuwa a fili ya ke: in ka tara 1 zuwa 9 ka sami 45, ka raba wa layi uku, kowane ya tashi da 15. Dubi kusurwoyin nan huɗu, 2, 4, 6, 8. In ka mai da su haruffa, ba ne da dal da wau da ha ƙarami, a karanta su Buduhu. Wanda ya ga wannan kalma a tsohuwar takarda ya zaci sunan wani aljani ne, to, lambobi huɗu ne kurum aka ba su murya.

Gwanintar Malam Muhammadu ita ce bayyana hanyoyin gina hatimi mai layuka mara, watau 3, 5, 7 da sauransu, yadda mutum ba sai ya yi ta gwaji yana gogewa ba. Ga wata sananniyar hanya mai sauƙi ta irin wannan aiki. Sa 1 a gidan tsakiya na layin sama. Kowace lamba mai biyowa, ka hau gida ɗaya sama ka karkata gida ɗaya dama. In ka fita ta sama, ka ɓullo ta ƙasa. In ka fita ta dama, ka ɓullo ta hagu. In ka tarad da gida da mai shi, ka sauka ƙarƙashin lambar da ka rubuta ta ƙarshe. Mai layi biyar zai ba ka 65 ko ta ina, mai layi bakwai 175.

Ba a ɓoye ba, malamin nan da mutanen zamaninsa sun ɗauka hatimi na da asiri, suna haɗa shi da taurari da biyan bukatu. Yana da wani littafi ma a kan wannan fanni, Addurrul Manzum. Hukuncin wannan sashe yana hannun malaman addini, sun kuwa daɗe suna magana a kai. Amma lissafin da ke ciki ba ya bukatar turare ko zaɓen sa'a. Yaron aji huɗu da alli a hannu zai fitar da 65 ɗin nan daidai da yadda shaihin Alƙahira ya fitar. Ni a ganina, malamin da ya ƙi koyar da shi don gudun a ce masa ɗan tsibbu, ya hana yaransa darasin tarawa da rabawa mai daɗi ƙwarai.

Saboda haka, malaman makarantun Ruwan Gizo da Bakura da Maradun da Talata Mafara, ku gwada wannan a aji. Ku zana gida tara a allo, ku ba yara lambobi tara, ku bar su su sha wuya kaɗan kafin ku nuna musu hanya. Wanda ya gama, a ba shi mai gida 25. Ku kuma ma'aikatan ofis masu zagaya ƙauyuka, in kun ga tsohuwar gafaka a zauren wani malami, ku roƙe shi a buɗe a duba ƙarshen kowane littafi, a rubuta sunan mai shi da ramzinsa, tun gara da ɗigar damina ba su riga ku ba.