Jean Rouch da Finafinan Adana Al'ada a Ƙasar Nijar

Manufar wannan maƙala ita ce a dubi ayyukan Jean Rouch, Bafaranshen da ya shafe fiye da shekara 50 yana ɗaukar finafinan tarihi da al'ada a Afirka ta Yamma, sa'an nan a auna matsayinsu ga mai nazari.

An haifi Rouch a birnin Faris a 1917. Ya fara zuwa Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanya, a nan ne kuma ya haɗu da Damouré Zika, ɗan Sarkawa, wanda ya zame masa abokin aiki har ƙarshen rayuwarsa. A tsakanin 1946 da 1947 shi da abokansa biyu suka bi kogin Kwara cikin kwalekwale, inda ya ɗauki fim ɗinsa na farko a kan farautar dorina.

Abin da ya bambanta shi da magabatansa shi ne komawa da fim wurin mutanen da aka ɗauka. Da ya nuna wa Sarkawan Ayoru wani fim na farautar dorina, sai suka ƙi amincewa da kiɗan da ya sa a ciki, domin a ganinsu kiɗa yana ƙara wa dorina ƙarfin zuciya. Ya karɓi gyaran. Wato ke nan, wanda ake nazari ya zama mai ta cewa a cikin nazarin.

Fim ɗin da ya fi jawo gardama shi ne Les Maîtres fous (1955), wanda ya ɗauka a Gwalkwas, wato Gana ta yau, cikin 'yan ci-rani daga Nijar. Ya ƙunshi hawan iskokin da ake kira Hauka, sunan da aka aro daga Hausa, waɗanda ke kwaikwayon gwamna da hafsoshin Turawan mulki. Hukumar Ingila ta hana nuna shi a Gwalkwas, wasu masana 'yan Afirka kuma suka ce ya zubar da mutuncin baƙar fata. A 1965 Ousmane Sembène na Sanagal ya zarge shi da kallon 'yan Afirka kamar ƙwari.

Ta fuskar tarihi, Rouch ya ɗauki bikin Sigui na Dogon a Mali, wanda akan yi bayan kowace shekara 60, daga 1967 zuwa 1973. A 1976 kuma ya fito da Babatu, a kan yaƙe-yaƙen Zabarmawa a ƙasar Gurunsi cikin ƙarni na 19. Har ila yau, Oumarou Ganda, wanda ya fito a Moi, un noir (1958), daga baya ya zama ɗaya daga cikin magabatan silima a Nijar.

Rouch ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, aka binne shi a Yamai. Finafinansa taska ce ta al'adun da wasunsu sun sauya kama, amma idon baƙo ne ya zaɓi abin da aka ɗauka, muryarsa ce kuma ta yi sharhi a yawancinsu. Saboda haka wajibi ne mai nazari ya gwada su da abin da dattawan ƙasar ke faɗi kafin ya kafa hujja da su.