Kazuo Miyagawa: Mai ɗaukar hoton da ya fuskanci rana da kyamara

Masu kallon fim kan riƙe sunan jarumi da darakta, su manta da wanda ke bayan kyamara, alhali da idonsa suke gani. Haka abin yake a Kannywood. A Japan kuwa, sunan Kazuo Miyagawa bai ɓace ba.

An haife shi a Kyoto a 1908. Ya fara da koyon zanen tawada, sannan ya shiga kamfanin Nikkatsu a 1926, a ɗakin wanke fim. Can ya naƙalci sirrin haske da inuwa.

A fim ɗin Rashomon na Akira Kurosawa, wanda ya fito a 1950, ya saita kyamara ga rana kai tsaye ta tsakanin ganyaye, abin da masu sana'ar ke gudu a lokacin. Da duhun daji ya rufe fuskokin 'yan wasa, sai ya sa madubi ya karkato musu hasken rana. Ruwan saman ma sai da aka zuba masa baƙar tawada kafin ya fito sosai. A 1951 fim ɗin ya lashe babbar kyautar bikin fina-finai na Venice.

Miyagawa ya rasu a 1999.