Ina Mudu 13 Suka Shiga?

Ga kacici-kacici daga kasuwar Kafanchan. Wani manomi ya kawo rabin buhun busasshiyar citta daga wajen Kachia, ƙaninsa ya kawo sulusin buhu. Suka juye wuri ɗaya, suka ce wa ɗansu ɗan firamare: "Kai ɗan boko, nawa ke nan?" Yaro ya buɗe littafi ya rubuta 1/2 + 1/3 = 2/5.

Mu bi sawu. A ce buhu yana cin mudu 30. Rabi mudu 15 ne, sulusi mudu 10, jimla 25. Amma biyu cikin biyar na buhun mudu 12 ne kacal, bai ma kai abin da babban wan ya kawo shi kaɗai ba. An ƙara citta a kan citta, ta ragu. Wa ya kwashe 13?

Wadda za a fara tuhuma rana ce. Duk wanda ya taɓa tsaga ɗanyar citta ya shanya a Jaba ko Kagarko ya san yadda take motsewa. Sai dai wannan ta bushe tun a gida. Rana ta kuɓuta.

To, mai awo? Akwai mudu mai lotsattsen gindi, ba a musu. Amma ba wanda ya taɓa mudu tukuna.

Saura yaro. Ko bai iya tarawa ba? Ɗaya da ɗaya, biyu. Biyu da uku, biyar. Babu kuskure. Ɓarawon yana cikin littafin, kuma mun wuce shi sau biyu.

Dubi ƙasan layi.

Lambar sama ita ke ƙirga yanki nawa ke hannunka. Ta ƙasa ba ƙirga take yi ba, tana faɗin gida nawa aka raba buhu, wato girman kowane yanki. Da yaro ya tara 2 da 3, sai ya sake raba buhun gida biyar, kowane yanki ya koma mudu 6, ya ɗauki biyu. Yankin mudu 15 da na mudu 10 duk suka zama ƙanana a hannunsa. Abin da ake so shi ne rabon da rabi da sulusi za su shiga ba tare da ɓallewa ba: gida shida, kowane mudu 5. Rabi ya zama 3/6, sulusi 2/6, jimla 5/6. Yanki biyar na mudu biyar-biyar, ga 25 cif.

Ina jin takaicin yadda ake bugun yara kan wannan, alhali dabarar tana nan a garinmu tun da daɗewa. Malaman rabon gado da ita suke aiki: mace ta rasu ba ɗa, ta bar miji da uwa da baffa, sai su kasa dukiya gida shida, miji ya ɗauki uku, uwa biyu, baffa ya tafi da ɗayan da ya rage.