Damure Zika, Basarken da Ya Yi Fim a Kasuwar Kumasi

Matasan unguwar Aboabo ta Kumasi sun san taurarin Kannywood ɗaya bayan ɗaya, sun kuma san na Kumawood da ke maƙwabtaka da su. Amma kaɗan ne suka taɓa jin sunan Damure Zika, mutumin Nijar da ya tsaya gaban kyamara a kasuwar Kumasi tun Ghana tana Gwalkwas, ya kwaikwayi rayuwar 'yan cin-rani irin waɗanda suka cika zangunan birnin.

An haifi Damure a farkon shekarun 1920 cikin Sarkawa, masuntan kogin Kwara. Sana'ar fim ta same shi ne ta hanyar Jean Rouch, wani injiniya Bafaranshe da aka turo Nijar aikin gina hanyoyi a 1941. Shekara guda bayan haka tsawa ta kashe wasu leburorin Rouch, sai Damure ya haɗa shi da kakarsa Kaliya, wadda ta jagoranci bikin bori saboda abin da ya faru. Abin da Baturen ya gani ya ja hankalinsa zuwa nazarin al'adu da ɗaukar fim, kuma abotarsu ta kai shekaru sittin da 'yan kai.

A 1954 suka fara aikin da ya fitar da sunan Damure, wato fim ɗin Jaguar. Labarin samari uku ne da suka bar kasuwar Ayoru a ƙafa don neman arziki a kudu: Damure mai ilimin boko, Lam Ibrahim Bafulatani makiyayi, da Illo masunci. Suka ratsa Dahome da Togo, suka shiga Gwalkwas. Illo ya kama dako a tashar jiragen ruwan Akra, Damure ya samu aiki a wurin sayar da katako, shi kuwa Lam ya nufi Kumasi ya shiga kasuwanci. Daga baya Damure ya tarar da shi, suka buɗe teburin kayan koli a tsakiyar kasuwa, suna kiran masu saye. Da damina ta ƙarato suka koma gida da tsaraba, suka rabar da ita a rana guda.

Yadda aka haɗa fim ɗin shi ne abin mamaki. Kyamarar Rouch ƙarama ce, samfurin Bell & Howell, wadda ake murɗawa da hannu kamar agogo. Ba ta ɗaukar murya, kuma ba ta wuce daƙiƙa ashirin da 'yan kai sai ta tsaya. Ga shi babu rubutaccen labari. Dole Damure ya isar da komai da jikinsa: takun ƙasaita a titin Akra, baƙin tabarau, sigari a baki, da kallon wanda ya waye. Sai bayan 'yan shekaru aka zaunar da shi da Lam gaban majigi, suna kallon kansu suna sharhi da Faransanci, suna tsokanar juna. Wannan hirar ce ta zama muryar fim ɗin da aka saki a 1967.

Tafiyar ba ta tsaya nan ba. Damure ya fito a Petit à petit, inda ya je Paris yana auna Turawa da nazarin ɗabi'unsu kamar yadda suke yi wa 'yan Afirka, sannan a Cocorico Monsieur Poulet na 1974 da Madame l'eau. Ban da fim kuma ya yi aikin lafiya, domin ya riƙe ɗakin shan magani a unguwar Lamorde ta Yamai, inda talakawa ke zuwa wurinsa.

Rouch ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a Fabrairun 2004, Damure kuma ya bi shi a Afrilun 2009 a Yamai.

A unguwannin Aboabo da Asawase akwai gidajen Hausawa da Zabarmawa da Fulani da dama da kakanninsu suka biyo irin wannan hanya daga arewa, ba tare da sun bar ko hoto ɗaya ba. Jaguar na cikin 'yan shaidun da suka rage na kasuwar da suka ci da irin wahalar da suka sha. Ya kamata ƙungiyoyin matasa da makarantun zango su nemo shi, su haska wa yara tare da dattawan da za su iya gane wuraren.