Fasfo

Duk wanda zai tafi ƙasa mai nisa, kamar Makka, sai ya riƙe fasfo. Fasfo ɗan ƙaramin littafi ne da gwamnati take ba ɗan ƙasa. A ciki akwai hotonsa, da sunansa, da ranar haihuwarsa, da garin da aka haife shi.

A Nijar, ƴan sanda ne suke ba da fasfo. Amma kafin su ba mutum, sai ya kawo takardar haihuwa, da takardar shaidar zama ɗan ƙasa, da hotuna. Sannan ya biya kuɗi, a ɗauki zanen yatsunsa.

Takardar haihuwa ita ce tushe. Da ita ake zuwa gidan shari'a a karɓo takardar zama ɗan ƙasa. Wanda iyayensa ba su rubuta haihuwarsa ba, sai ya je gaban alƙali tare da shaidu. Wannan yakan ci lokaci, har tafiya ta wuce shi.

Fasfo yana da ranar ƙarewa, an rubuta ta a ciki. Saudiya ba ta ba maniyyaci biza sai in fasfonsa yana da sauran wata 6 ko fiye. Shi ya sa mai hankali yake sake nasa tun da wuri. In fasfo ya ɓace, sai a sanar da ƴan sanda nan da nan.

Tambayoyi
1. Wace takarda ce tushe?
2. Kana da takardar haihuwa? Ina aka ajiye ta?